'Yan tsanar alfarma da baƙin da suka ƙera su

A watan Satumba na 2014, gidan gwanjo na Bonhams da ke Landan ya sayar da wata 'yar tsana a kan fam 242,500. Babu zinariya a jikinta, babu lu'ulu'u. Kanta na tangaran ne, an yi ta a Jamus 'yan shekaru kafin Yaƙin Duniya na Ɗaya, a kamfanin Kämmer & Reinhardt na garin Waltershausen. Lambar da ke ƙeyarta, 108, ita ta ja mata wannan kuɗi, domin masana ba su san da wata irinta da ta rage ba.

A wurinmu 'yar tsana kayan wasan ƙananan yara mata ce, da yarinya ta tasa sai ta yar da ita. A Turai da Amurka da Japan kuwa akwai manya, har da tsofaffi, waɗanda tara 'yan tsana ya zame musu abin yi na tsawon rayuwa. Suna da ƙungiyoyi da mujallu da tarukan shekara-shekara. Babbar ƙungiyarsu a Amurka, United Federation of Doll Clubs, tun 1949 take. In suka ɗauki 'yar tsana, tambayoyinsu sanannu ne: wane kamfani ya yi ta, a wace shekara, mece ce lambar mazubinta, rigar da ke jikinta ita ce ta asali, kwalinta yana nan? Duk suna da amsa a littattafan farashi. Tambayar da ba ta da shafi a waɗannan littattafai ita ce wa ya zana girar, wa ya dasa gashin, wa ya ɗinka hannun rigar da bai kai ɗan yatsa tsawo ba. Wanda ya bi sawun wannan tambaya zai tarar da abu guda yana maimaita kansa kusan shekara ɗari biyu: aikin yana hannun talakawan da ba su da zaɓi, mafi yawansu mata, kuma sau da yawa baƙi ne a garin da suke yin sa.

Kafin 1914, cibiyar wannan sana'a ita ce yankin Thuringia na Jamus, musamman garin Sonneberg da ƙauyukan da ke kewaye da shi cikin tsaunuka da dazuzzuka. Ƙasar ba ta noma sosai, sanyi kuma yana daɗewa, amma akwai itace da yumɓu da hannaye masu neman abin yi. Ana ƙiyasta cewa a 1913 kusan kashi 20 cikin ɗari na kayan wasan da ake cinikinsu a kasuwar duniya daga wannan yanki suke fitowa. Cinikin ya kai har Amurka ta buɗe ƙaramin ofishin jakadanci a Sonneberg, ɗan garin da bai kai wata babbar unguwa ta Berlin ba.

Yana da kyau a san yadda ake yin kan tangaran, don a gane yawan hannayen da yake ratsawa. Ana dama farin yumɓu ya yi ruwa-ruwa, a zuba a mazubin filasta. Filastar tana tsotse ruwan, sai yumɓun ya kama jikinta ya yi ɓawo, a tsiyaye ragowar. In ya ɗan sha iska, a ciro kan yana da taushi, a sa wuƙa a yanke gurbin idanu da na baki. A nan in hannu ya goce kaɗan, fuskar ta tashi daga aiki, domin ido ɗaya zai fi ɗaya girma har abada. Daga nan sai tanderu mai tsananin zafi, sai gogewa har ya yi santsi, sai a shafa launin fata. Masu fenti su zauna da siririn buroshi su ja gashin ido ɗaya bayan ɗaya, su ja gira, su yi leɓe, su ɗiga ja a kumatu su baza shi yadda ba za a ga inda ya fara ba. A sake mayar da kan wuta, wannan karon marar ƙarfi, don launin ya zauna. Idanun kuma daga wani gari suke zuwa, Lauscha, inda masu hura gilashi suka gwanance har wani daga cikinsu, Ludwig Müller-Uri, ya fara yi wa mutanen da suka rasa ido idon gilashi a 1835. Ana dasa idanun ta cikin kai, a haɗa su da waya mai ɗan darma a ƙasa, yadda in an kwantar da 'yar tsanar nauyin darmar zai rufe su. Sai hular gashi, ta gashin akuyar Angora ko na mutum. Sai gangar jiki, ta fatar ɗan akuya ko ta dusar katako da aka kwaɓa da gam. Sai takalmi, sai safa, sai riga.

Kan kaɗai ake gasawa a masana'anta. Sauran aikin yawanci a gidaje ake yin sa. Ɗan kasuwa ya ba da kaya, iyali su yi, a biya su bisa dozin. Ɗakin kwana shi ne ɗakin aiki, ƙura da warin gam da fenti a cikinsa dare da rana, cutar huhu kuma ta zama ruwan dare. Tunda kuɗin dozin ba ya ciyar da gida in uba da uwa kaɗai suka yi, yara ƙanana suna zaune a teburin su ma. Sai a 1903 Jamus ta kafa dokar da ta taɓa aikin yara har a cikin gidan iyayensu, kuma baje-kolin ayyukan gida da aka yi a Berlin a 1906 ya girgiza mutanen birni da suka ga kuɗin da ake biya a kan abin da suke saya wa 'ya'yansu. Wasu kawunan da kamfanin Jumeau na Faransa ya yi suna ɗauke da 'yan alamomi na jan fenti ko baƙi a ƙeya, wani harafi ko ɗan zane, waɗanda masu fenti suka bari. Iyakar abin da ya rage na sa hannunsu ke nan.

Ko a cikin masu masana'antun akwai baƙi. Armand Marseille, wanda mazubinsa mai lamba 390 ya fi kowane yawa a hannun masu tarawa a yau, a St. Petersburg ta Rasha aka haife shi a 1856, iyayensa suka ƙaura da shi Jamus. A Landan, iyalan Pierotti, 'yan asalin Italiya, su suka riƙe sana'ar 'yan tsanar kakin zuma har shekarun 1930, suna dasa gashi a cikin kakin 'yan silli-silli da hannu. A Amurka, wanda ya fara samun takardar haƙƙin ƙirƙira a kan 'yar tsana, a 1858, Bajamushe ne mazaunin Philadelphia, Ludwig Greiner. Albert Schoenhut, shi ma Bajamushe, ya kafa kamfaninsa a wannan birni a 1872, daga baya ya fito da 'yan tsanar katako masu gaɓoɓin ƙarfe a 1911. Morris Michtom da matarsa Rose, Yahudawan da suka baro Rasha, daga ɗan kantin alewa a Brooklyn suka taso har suka kafa kamfanin kayan wasa na Ideal. Wannan ilimi ba a littafi yake ba, a yatsu yake, don haka duk inda mai yatsun ya yi hijira, can sana'ar take tsirowa.

Labarin da ya fi nuna yadda abin yake shi ne na Madame Alexander, sunan da har gobe masu tarawa a Amurka suke girmamawa. An haife ta a New York a 1895, sunanta na yanka Bertha, daga baya ta mayar da shi Beatrice. Mahaifiyarta, Hannah Pepper, tana cikin Yahudawan gabashin Turai fiye da miliyan biyu da suka kwarara Amurka tsakanin 1880 da 1924, suna gudun kisan gilla da talauci. Mijin uwarta, Maurice Alexander, mutumin Odessa, yana da shago a titin Grand, unguwar Lower East Side, inda yake gyaran 'yan tsanar tangaran da suka fashe. Asibitin 'yan tsana ake kiran irin wannan shago. Iyalin suna zaune a saman shagon, cikin unguwar da take a lokacin ɗaya daga cikin mafi cunkoso a duniya, masu kuɗi kuma suna zuwa daga unguwanninsu da 'yan tsanar 'ya'yansu a hannu.

Da yaƙi ya ɓarke a 1914, kayan Jamus suka daina zuwa. Babu sabbin 'yan tsana na sayarwa, babu idanu da hannaye na gyara, shagon ya kama hanyar mutuwa. Beatrice da ƙannenta mata suka zauna a teburin kicin suka fara ɗinka 'yan tsanar ƙyalle masu kayan ma'aikaciyar jinya ta Red Cross. Suka karɓu. A 1923 ta ci bashin dala 1,600 ta kafa Alexander Doll Company, ta ɗauki matan unguwa aiki. Ta ɗauki laƙabin Madame don sunan ya yi ƙamshin Faransa, domin ta san mai saye yana son abin da ya yi kama da na Turai, amma ba Turan da iyayenta suka gudo daga cikinta ba.

Matan da ta ɗauka ba su rasa inda suka koyi ɗinki ba. New York ta wancan zamani ita ke tufatar da Amurka, kuma Yahudawa da Italiyawa sabbin zuwa su ne a kan kekunan. Shekara 12 kacal kafin ta buɗe kamfaninta, ranar 25 ga Maris 1911, gobara ta tashi a masana'antar riguna ta Triangle, tazarar tafiyar ƙafa daga titin Grand. Mutum 146 suka mutu, galibi 'yan mata baƙi, saboda an kulle ƙofa don kada su fita ko su ɗauki wani abu. Daga irin waɗannan gidaje ma'aikatan 'yar tsana suka fito.

Dalilin da ya sa baƙi suke cika irin wannan aiki ba ɓoyayye ba ne. Ba a buƙatar Turanci a gaban keken ɗinki. Ba a tambayar takardar makaranta. Mace za ta sauka daga jirgi, cikin mako guda 'yar uwarta ta kai ta wurin shugaban aiki ta ce ta iya, a ba ta ƙyalle a gwada ta. Abin da ba a cika faɗa ba shi ne ribar da mai masana'anta yake samu a nan: ƙwarewar da ta ɗauki shekara goma ana koyonta a gaban uwa ko kaka, a wani ƙauye na Poland ko Sicily, ta zo masa a dafe, bai kashe ko sisi wajen koyar da ita ba. Da yake a gida aka koye ta, kuma mata ne suka koya, sai a lissafa ta cikin ayyukan da ba su buƙatar gwaninta sosai, a yanka mata albashi daidai da wannan lissafi. A ganina wannan shi ne babban zaluncin da ke cikin sana'ar, ya ma fi tsawon sa'o'in aiki, domin shi ne yake halatta sauran.

Duk telan da ya taɓa ɗinka kayan jariri ya san ƙaramin abu ya fi babba wuya. To 'yar tsanar da ta fi yi wa kamfanin Alexander suna, wadda aka fito da ita a 1953 aka sa mata sunan jikar Madame, Wendy, tsawonta inci 8 ne, wato wajen santimita 20. Ramin hannun rigarta da ƙyar ɗan yatsa yake shiga. Yadin da yake zuba da kyau a jikin mutum, in aka yanka shi ƙarami haka sai ya sandare ya tsaya kamar kwali, don haka dole a nemo mai laushi, mai ƙananan zane, domin fure ɗaya na atamfar manya zai cinye gaban rigar baki ɗaya. Kuskuren da ba za a lura da shi a rigar mutum ba, a nan ya karkatar da wuya. Ga tattara, ga leshi siriri kamar zare, ga kalmasa, ga maɓallan da ake ɗaurawa da hannu. Madame ta dage a kan sai an yi wa 'yan tsanarta har kayan ciki, da fatari da safa da takalmi, a gama bakin ɗinki ko a inda ido ba ya kaiwa. Wannan dagewa ce ta ba ta lambar zinariya ta Fashion Academy shekara huɗu a jere, daga 1951 zuwa 1954, lambar da aka saba bai wa masu tsara tufafin mutane. A 1953, lokacin naɗin Sarauniya Elizabeth ta Biyu, kamfanin ya yi jerin 'yan tsana 36 cikin kayan bikin naɗin, aka ajiye su a gidan tarihin yara na Brooklyn.

Akwai wani abu da duk mai tara kayan Alexander ya sani, wanda kuma shi ne zuciyar maganar. Kamfanin yana amfani da fuska guda ya yi ɗaruruwan mutane daban-daban. Kan da aka zuba a mazubi ɗaya, yau amarya ce, gobe 'yar rawa, jibi 'yar ƙasar Holan ko Indiya. In aka tuɓe mata kaya, sau da yawa ko gwani ba zai iya cewa wace ce ba, farashinta kuma ya faɗi warwas. Ashe abin da ake biyan kuɗi a kansa shi ne rigar da gyaran gashin, wato daidai ɓangaren da inji bai iya ba, wanda matan nan suka yi. Amma ɗan ƙyallen da aka ɗinka a bayan rigar sunan mutum ɗaya yake ɗauke da shi. Mu ma mun san irin wannan a ɗinkin hula: mace ta shafe makonni a cikin gida tana soka allura, hular ta fita kasuwa da sunan zanenta ko na babban mutumin da ya fara sa irinta, dillali ya ci, mai shago ya ci, ita kuwa ba wanda ya san ƙofar gidanta. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi.

Ba ina rage wa Madame Alexander komai ba ne. Mace ce da ta gina kamfani a lokacin da banki ba ya kallon mace, tana da ido, tana da saurin gane abin da kasuwa ke so. Da aka haifi 'yan biyar ɗin nan na gidan Dionne a Kanada a 1934, ita ta samu izinin yin 'yan tsanarsu, cinikin ya fitar da kamfanin daga ƙuncin tattalin arzikin shekarun 1930. Tana cikin na farko da suka koma ga roba mai tauri bayan Yaƙin Duniya na Biyu. A 1955 ta fito da Cissy, 'yar tsana mai surar budurwa da takalmi mai tsini, shekara huɗu kafin fitowar shahararriyar 'yar tsanar nan Barbie. Abin da ya fi duka a wurina, ta bar masana'antarta a New York har ta sayar da ita, alhali abokan gasarta sun daɗe da tsallaka teku.

Sai dai hannayen da ke cikin masana'antar sun sauya. Dokar shige da fice ta 1924 ta toshe ƙofar gabashi da kudancin Turai, 'ya'yan Yahudawa da Italiyawan farko kuma suka yi karatu suka bar keke, abin da iyayensu suka yi wahalar dominsa ke nan. Kamfanin ya koma wani babban gini a titi na 131 a unguwar Harlem ta New York, wanda asalinsa na kamfanin motoci na Studebaker ne, ya zama ɗaya daga cikin manyan masu ɗaukar ma'aikata a unguwar. Kujerun suka cika da baƙaƙen fatar da suka hauro daga kudancin Amurka, da mutanen Puerto Rico da suka yi ta zuwa bayan yaƙi, waɗanda 'yan ƙasa ne tun 1917 amma baƙi ne a harshe da zama. Bayan kashe Rafael Trujillo, mai mulkin kama-karya na Jamhuriyar Dominican, a 1961, da yaƙin basasar 1965 a ƙasar, da sabuwar dokar shige da fice da Amurka ta yi a wannan shekarar, sai 'yan Dominican suka cika unguwar Washington Heights, arewa kaɗan da masana'antar. Ɗaruruwan mata masu jin Sifaniyanci suka zama su ne masu ɗinka kayan sarauniyoyin Ingila da amaren Amurka. Ga da yawansu aikin ya zama abin dogaro na shekaru masu yawa, kusa da gida, da shi aka biya haya aka sa yara a makaranta aka aika wa na gida. Wanda zai kira wannan bauta kawai bai yi wa matan adalci ba, domin su sun san darajar abin da hannunsu yake fitarwa.

Madame ta sayar da kamfanin a 1988, tana da shekara 93, ta rasu a 1990. A 1995 kamfanin ya durƙushe, ya nemi kariyar kotu daga masu bin sa bashi. Waɗanda suka saye shi, Kaizen Breakthrough Partnership, masana tsarin aiki ne irin na masana'antun motocin Japan. Abin da suka tarar shi ne kaya rabi-da-rabi jibge ko'ina, oda tana jira saboda an rasa ɗan maɓalli ko ƙyalle guda cikin abubuwa da yawa da riga ɗaya take buƙata. Suka rushe tsarin sashe-sashe, suka haɗa ma'aikata ƙungiya-ƙungiya, kowace ƙungiya ta fara 'yar tsana ta gama ta a wuri ɗaya, suka kuma nemi shawarar masu ɗinkin kansu. Alƙaluman da ake koyarwa a darussan harkar masana'antu sun ce lokacin gama 'yar tsana ya sauko daga kwana 90 zuwa minti 90, abin da mutum ɗaya yake fitarwa a yini kuma ya tashi daga 8 zuwa 25.

A nan ne labarin yake da ciwo. Matan sun ninka aikinsu sau uku, sun fitar da kamfanin daga rami, amma hakan bai hana aikin tafiya ba. Daga ƙarshen shekarun 1990 ɗinkin ya riƙa komawa ƙasar Sin kaɗan-kaɗan, har abin da ya rage a Harlem ya zama zane da samfuri da gyara. A 2012 aka sake sayar da kamfanin ga Kahn Lucas, masu yin tufafin yara. Ginin titi na 131 yanzu ofisoshin Jami'ar Columbia ne. Duk yadda mace ta kai da sauri a New York, ba za ta yi gasa da albashin da bai kai kashi ɗaya cikin goma na nata ba.

Hanyar da Alexander ya bi a makare, wasu sun bi ta tun farko. Ruth Handler, wadda ta fito da Barbie a 1959, ita ma 'yar Yahudawan da suka yi hijira daga Poland ce, amma ba a Amurka aka yi Barbie ta farko ba. A Japan aka zuba ta, matan gida a can suka ɗinka kayanta da hannu, ana biyan su bisa yawan abin da suka gama, kamar dai Sonneberg. Da albashi ya tashi a Japan, aikin ya koma Hong Kong da Taiwan, daga nan ya shiga lardin Guangdong bayan an buɗe yankin ciniki na Shenzhen a 1980. Waɗanda suka cika masana'antun Guangdong ba su tsallaka iyakar ƙasa ba, amma 'yan ci-rani ne ta kowace fuska: 'yan mata daga ƙauyukan Sichuan da Hunan, masu kwana a ɗakunan masana'anta, waɗanda tsarin rajistar mazauni na Sin bai ba su haƙƙin ɗan gari a birnin da suke aiki ba. A ranar 10 ga Mayu 1993, gobara a masana'antar kayan wasa ta Kader, kusa da Bangkok, ta kashe mutum 188, ta zarce ta Triangle. A watan Nuwamba na wannan shekarar, wata gobarar a masana'antar Zhili ta Shenzhen ta kashe fiye da 80, an toshe tagogi da ƙarafa, an kulle ƙofofi. Waɗannan masana'antu kayan wasa na gama-gari suke yi, ba 'yan tsanar masu tarawa ba, kuma ba su da alaƙa da kamfanin Alexander. Na kawo su ne domin mamatan irin mutanen 1911 ne: 'yan mata da suka baro gida neman abin kai wa iyaye.

Sarƙar ta taɓo Najeriya ma. Taofick Okoya ya fara 'yan tsanar Queens of Africa a Legas a 2007, don 'ya'yanmu su ga fata irin tasu a hannunsu, har da wadda aka yi wa shigar Hausawa aka sa mata suna Azeezah. Gangar jikinsu daga Sin ake kawo ta, a Legas ake gyara gashi a sa kaya. Rabon aikin ya nuna inda ƙarfin kowa yake: zubin roba yana son inji da jari da wutar da ba ta ɗaukewa, sutura kuwa tana son tela.

Yanzu maganar ta dawo teburin siyasa a Amurka. A farkon 2025, kusan kashi 80 cikin ɗari na kayan wasan da ake sayarwa a can daga Sin suke zuwa. A 2025, da Shugaba Donald Trump ya ƙaƙaba wa kayan Sin haraji mai nauyi, aka tambaye shi batun tsada da ƙarancin kaya, sai ya ce wataƙila yara za su samu 'yar tsana biyu maimakon talatin. Manufar harajin, in ji gwamnatinsa, ita ce masana'antu su dawo gida. Shugaban kamfanin Mattel mai yin Barbie, Ynon Kreiz, ya fito fili ya ce bai hango hakan ba, kamfaninsa dai zai rarraba aikin zuwa wasu ƙasashe ya kuma ƙara farashi. Mattel ya daɗe da babbar masana'antar Barbie a Indunusiya.

Ina ganin Kreiz ya fi kusa da gaskiya, kuma dalilin ya wuce lissafin albashi. Har yau ba a yi injin da zai ɗauki ƙyalle mai laushi kamar tafin hannun jariri ya tattara shi ya haɗa da hannun riga ba. Mutum ne yake zama ya yi, mutum ne yake tura kan roba a ƙarƙashin allurar da ke dasa gashi yana juya shi, mutum ne yake taje gashin ya ɗaure. A duk zamanin da Amurka ta yi 'yan tsana da kanta, daga Greiner a Philadelphia zuwa matan titin Grand zuwa na Harlem, sabbin zuwa ne suka zauna a waɗannan kujeru. Gwamnatin da take kiran masana'antu su dawo ita ce kuma take tsananta korar baƙi da rage masu shigowa. Matan Dominican da suka iya aikin a titi na 131 sun tsufa, 'ya'yansu sun kama wasu sana'o'i, kuma tun da aka kwashe kekunan babu wanda aka koya wa ya gaje su. Ko da an sake gina masana'antar gobe, sai an fara neman waɗanda za su koyar da ɗinkin, sannan a nemo waɗanda za su yarda su zauna su yi shi a kan kuɗin da mai sayen 'yar tsana zai iya biya.